Tsarabar Dutsen Titlis

Matar wani direba da 'ya'yansa sun kewaye shi a gidansu na garin Kurayyat lokacin da ya kwance murfin filas. Wata guda ya yi a Suwizalan yana tuƙa iyalan kafilinsa, Balaraben da yake yi wa aiki, har suka hau Titlis, dutsen da ya haura mita dubu uku, wanda ko da bazara ƙanƙara ba ta barin kansa. Da hannunsa ya ɗuro wa nasa iyalin ita a filas ɗin.

"Yalla, ku matso ku sha kallo."

Ya juye a kwano. Ruwa zalla ya zubo, ƙanƙarar duk ta narke.

Matar ta kurɓa tana ƙunshe dariya. "Shekara ashirin da aure, Malam, yau dai ka ɗebo mini ruwa."