Lantarki a Hannun Inno

Sau biyu a mako Inno take shiga motar Bakori zuwa Funtua, Talata da Alhamis, hannayenta cikin hijabi, fuskarta a murtuke. Ba son ranta ba ne. Tun ranar da ta yi tuntuɓe da kunya a gonar audugarta ta faɗi a kan hannu, yatsun suka daina damƙe abu.

Maƙwabciyarta Liatu ce ta buga wa Awaisu waya. Shi ne ɗan Inno na fari, don haka ba ta doguwar magana da shi, ko sunansa ba ta faɗa. Daga can kamfanin gurzar auduga inda yake aiki ya yanke hukunci: ko hannun ya warke kafin cirar auduga, ko ya ba da gonar aro, ita kuma ta dawo gidansa ta zauna.

Zama! Shekara arba'in tana cirar gonar nan da kanta, yanzu a ce a jingine ta a ɗaki kamar buhun masara?

Wurin da ya nema mata ƙaramin asibitin gashin ƙashi ne mai ɗaki biyu. Mai aikin wata yarinya ce, Fibi, mai yawan fara'a.

"Mama, ina ke miki ciwo?"

"Jijiyar hannu ce. An gaya miki a waya, sai na maimaita?"

Ta miƙa hannu. Fibi ta juya shi, ta danna nan, ta danna can, ba ta ga kumburi ba.

"Nan da zafi?"

"Haihuwa tara na yi ban ce da zafi ba, sai yau a gabanki?"

Fibi ta haɗiye sauran tambayoyinta. Ta manna wasu 'yan faifai masu waya a kan hannun, ta murɗa na'ura. Inno ta ji kamar tururuwa na yawo ƙarƙashin fata, yatsunta na lanƙwashewa suna miƙewa ba da izininta ba. Fibi ta ce lantarkin kaɗan ne, yana tsokanar naman hannun ya riƙa motsi don kada ya saki, yana kuma rage raɗaɗi kafin jijiyar ta koma daidai.

Inno ta gyaɗa kai. Wannan ba sabon ilimi ba ne a wurinta. A ɗuwawu ake yi wa mutum allura, ciwon kai ya tafi.

A zuwa na uku ta yi tari, Fibi ta miƙo mata kofin ruwa da hagu saboda damarta na riƙe da wayoyi. Inno ta dubi kofin, ta dubi yarinyar, ba ta karɓa ba.

"Karatun naku bai haɗa da tarbiyya ba?"

Fibi ta ajiye wayoyin, ta ɗan russuna, ta sake miƙowa yadda ake yi. Daga ranar ba ta ƙara tambayar komai ba sai gaisuwa.

A gida kuwa, tuwo Inno na cin abinta, carbi na tafiya, amma Liatu ce ke ja mata ruwa a rijiya, ita ke ɗaura mata ɗankwali.

"Inno, da sauƙi kuwa?"

"Yana hanya."

"Sati huɗu fa ke nan."

"Ke da gaggawa. Jikin tsohuwa ne, tafiyar da nisa."

Fibi ita kam murna take yi. Ta ba Inno ƙwallon roba ta matsa, Inno ta matse shi har ya yi ƙara. Ta gaya wa sauran masu jinya, wani mai ciwon kafaɗa da wani direba mai ciwon baya, su yi koyi da Mama: ba ta makara, ba ta raki, ga shi ta fi kowa samun sauƙi. Inno ta ji, ba ta musa ba. Gaskiya ce, ba ta taɓa makara ba.

Auduga ta fara buɗewa, gonaki suka yi fari. Ranar zuwa na ƙarshe Awaisu ya baro aiki ya zo gani da idonsa. Fibi ta kawo wani ƙarfe mai awon ƙarfin damƙa. Inno ta kama, ta matsa, allurar awon ta haura. Aka ba Awaisu ya gwada, da ƙyar ya kai inda uwarsa ta kai.

"Malam Awaisu, ko kai za mu manna wa?" in ji Fibi tana dariya.

Ya sosa ƙeya. "To, Inno, gona taki ce. Na janye."

Inno ba ta dube shi ba. Ta gyara hijabi ta fita.

Washegari da sassafe ta shiga gona, Liatu na biye da buhu. Inno ta kai hannu ga curin farko, yatsun suka taɓa audugar suka zame. Ta sake, suka sake zamewa. Ta tsaya tana duban su da fushi, kamar mai jiran baƙon da ya saɓa alkawari.

Liatu ta ajiye buhun. Ta kama hannun ta duba, yana nan a kumbure kamar ranar faɗuwa, babu alamar an taɓa manna masa komai. Ta kama ɗayan, ta ga 'yan shaidun faifan Fibi a fatar.

"Inno! Sati shida wannan kike ba ta? Mai lafiyar?"

Inno ta fizge hannunta.

"To da wanne zan ba ta? A gidanku hagu ake miƙa wa mutane?"