Tulun Baƙar Ƙasa da na Ja

Goggona Tabawa, mai saƙar faifai, ita ta fara ba ni wannan misali, shekarar da na binne ɗana na fari. Yau ni ma na miƙa miki, jikata, tunda na ga tun rasuwar 'yarki kullum bakinki na kan "da tana nan da yanzu ta yi kaza".

An yi wata maginiyar tukwane a bakin wani kogi, wadda ta gaji wani ilimi a wurin kakanninta. In mutum yana da abin da ba ya son mantawa, sai ta gina masa tulu da baƙar ƙasar wannan gaɓa, ya kafa baki ya raɗa abin a ciki tun yumɓun yana ɗanye, ta gasa, ta cika da ruwa ta liƙe bakin. Ko tsufa ya cinye mutum, in ya kara kunne zai ji ranar kamar yau, har ƙamshinta. Sai dai abin da ka zuba a tulu ya bar kanka ke nan, kamar yadda hatsin da ya shiga rumbu ya bar gona. A ɗaya gaɓar kuma jar ƙasa ce. Maginiyar takan ce duk inda hanyar rayuwa ta rabu biyu, ɗayar ba ta mutuwa, tana can tana tafiya a gefen tamu, kuma tulun jar ƙasa ita yake jiyowa. Allah dai shi ne masani.

To, wata mata ƙyanda ta ɗauke mata yaro yana ɗan ƙarami. Ta je ta raɗa dariyarsa a baƙin tulu, irin wadda yake yi in yana bin 'yan tsaki a tsakar gida da giɓin haƙorinsa. Shekaru suka ja, in kewa ta taso ta kara kunne ta samu sauƙi. Ana nan sai zuciya ta ce mata, ina ma ta ji yadda zai zama da ya rayu. Ta koma ta roƙa. Maginiyar ta gina mata jan tulu, ta ce, "Ga shi, amma kada ki haɗa su wuri ɗaya. Tulu yana gumi." Matar ta kara kunne, sai ga muryar magidanci yana sallama, yana cewa, "Inna, kin tashi lafiya?" ga hayaniyar 'ya'yansa a bayansa. Daɗi ya cika ta. Da ta isa gida, hannunta ya yi abin da ya saba tun tana amarya: jere. Wace mace ce za ta bar tulu mai kyau a ƙasa shi kaɗai? Ta ɗora jan a kan baƙin, babba kan ƙarami, har tana cewa ai ɗan'uwansa ne. Jan ya yi ta tsatsafowa a hankali, baƙin yana sha. Da damina ta wuce ta sauke jan don ta ji ɗan yaronta a baƙin, sai ta ji dariyar ta yi kauri, ta zama ta wani ƙato da ba ta taɓa goyawa ba. Ta laluba kanta, babu komai, ai ta riga ta juye. Ta ruga wurin maginiyar da kuka. Ita kuwa ta ce, "Baiwar Allah, ruwa ya shiga ruwa, wa zai tsince miki?"

Da Goggo ta kai nan sai ta ci gaba da saƙarta. Washegari da safe na zaunar da mahaifiyarki, tana 'yar mitsitsiya, na ba ta labarin yayanta yadda yake, da ƙazuwar ƙafarsa da satar ƙuli-ƙulinsa, ban ƙara masa ko shekara ɗaya ba. Ke ma ki riƙe taki yadda Allah ya ba ki ita. Hausawa suka ce, garin neman gira an rasa ido.