Miyar da Ba Albasa

Marin ya sauka a ƙeyar Pyo Man-seok tun kafin ya ɗaga cokali.

Ya saba. Shi ne mugun da kowa ya sani a finafinai: ya ci amana, ya ƙona gida, ya kashe aboki. Tsofaffin mata a kasuwa sukan ɗirka masa duka a baya, shi kuma ya rusuna ya yi godiya. A sana'arsu, dukan tsohuwa ya fi lambar yabo.

Amma yau kunnuwansa suka yi zafi.

Dama bai so a zo garin Tongyeong ɗaukar fim ba. Ya ce iskar teku tana shaƙe masa murya. Darakta Gil ya ƙi ji, kuma shi ya zaɓi wannan ɗan shagon miyar kifi da ke bakin tashar jiragen ruwa. Ga 'yar jarida Noh Eun-sil a gefen Man-seok, tana rubuta tarihinsa: marayan da ya tashi a titunan Seoul, ba uwa ba uba. Da wannan labarin ya yi suna. In ya rushe, shi ma ya rushe.

Mai shagon na tsaye a kansa, 'yar tsohuwa, hannuwanta duk sun tsage da ruwan gishiri.

"Mara kunya," ta ce. "Ka watsar da uwarka kamar kan kifi."

Teburin ya fashe da dariya.

"Yallaɓai, ka samu masoyiya!" in ji Darakta Gil. "Goggo, ƙara masa ɗaya, ni ma ya ishe ni!"

Man-seok ya miƙe, ya rusuna har goshinsa ya kusa taɓa kwano.

"Goggo, fim ne kawai."

Ta daɗe tana kallonsa. Ta kalli 'yar jaridar da alƙalaminta.

"Na sani," ta ce. "Ka iya sosai. Ci, kar ta huce."

Ta koma kicin.

Eun-sil ta ɗan ɓata fuska. "A wane fim ka watsar da uwa? Na kalle su duka, ban tuna ba."

"Tsufa ne," in ji daraktan. "Ko talabijin babu a shagon nan, ta haɗa shi da wani."

Suka sunkuya kan abinci. Kowane kwano ya sha yankakkiyar albasa kore, har tana iyo. Man-seok ya kalli nasa. Babu ko ƙwalli. Bai ce a cire ba, bai ma buɗe baki ba kafin a kawo abincin.

Ya kai cokali baki.

Mutum ɗaya ce a duniya ta san albasa na sa shi amai tun yana goye, kuma ita ce wadda ya daɗe yana gaya wa duniya ta mutu.