Ranar da Baba Ya Jawo Wamakko

Damina ce mai albarka, gero ya yi kyau ko'ina, amma ni shekarar ta yi mini tsawo, don Inna ta tafi Wamakko jinyar kakarmu. Wata la'asar ina kuka a ƙofar gidanmu a Ƙofar Dundaye, Baba yana saƙa. Ya nuna mini dutsen da ke danne da ƙarshen zarensa, can nesa.

"Ɗiyata, dutsen can shi na Wamakko, zaren ga kuwa hanya. In na saƙe hanyar duka, ina garin za shi tsaya?"

Na share hawaye na tsuguna. Yana saƙa yana naɗewa, dutsen yana matsowa.

"Baba, yi sauri!"

"Sannu dai, kar Innarki ta yi tuntuɓe."

Dutsen na isowa gabansa, sai ga sallamar Inna, da dafaffiyar masara a ƙullinta. Ashe an aiko masa tana tafe. Yau da nawa 'ya'yan suka yi nisa, in na tuna sai in yi murmushi.

Washegarin dawowar Inna da sassafe Baba ya tarar da ni na rungumi dutsen ina ja.

"Mi kike yi?"

"Makka nike jawo maka."