Leshin da Aka Ware wa Martina

Dubu saba'in kowace ƙawa. Haka Vera ta rubuto wa ƙawayen amarya a waya, har da ɗan hoton zuciya a ƙarshe, sai ka ce kuɗin alewa take tambaya. Martina na tsaye bakin titi a Sabon Gari tana jiran keke ta karanta, ta ja tsakin da sai da mai gasa masara ta waigo.

Fatin sallama da 'yanmatanci za a yi wa Christy kafin ɗaurin aure a coci, kuma na ba-zata ne, ba a so amarya ta ji. Vera ce kan gaba, ita da ke sammakon zuwa aiki Abuja ta dawo Keffi tana yatsina kamar a can aka yanke mata cibiya. Otal mai wurin ninkaya, kek hawa uku, mai ɗaukar hoto, ga anko na leshi ruwan hoda wanda shi kaɗai ya cinye rabin kuɗin.

Martina kuwa malama ce a wata ƙaramar firamare mai zaman kanta. Abin da ta ƙulle duka na rajistar zangonta na ƙarshe ne a jami'a, inda take karatun Asabar da Lahadi. In ba ta biya a watan nan ba, shekara ta tafi.

Da suka haɗu a gidan Judit, ɗaya daga cikin ƙawayen, Martina ta kawo shawara a yi abin a tsakar gidan mamarta a unguwar Yara, a dafa jalof, a haɗa zoɓo, kowa ta sa abin da take da shi. Judit ta goyi bayanta. Vera ta sunkuya tana danna waya, sai can ta ɗago.

"An ce ba a son abin ƙauye."

An ce. Ko yaushe haka take magana, don tsabar girman kai ko "na ce" ba ta iya furtawa. Martina ta bi ta da kallo daga gashin kanti zuwa farcen roba.

Don ta Vera ko sisi ba za ta bayar ba. Amma Christy ce fa. Shekarar da ruwa ya cinye ɗakin Martina, Christy ce ta ɗauke ta, suka raba katifa ɗaya a tsakanin ƙullin yadudduka na leshi da Christy ta saro don sayarwa suka ƙi tafiya. Ko ranar da Martina ta mance da tsohon dutsen gugarta mai gutsurarren hanci a kan wani ƙulli, ya ci zanin da aka naɗe ƙullin da shi har ya taɓa leshin ciki, Christy ba ta ɗaga murya ba. Dariya ta yi ta ce, "Bar shi, ƙawata, wata rana kya biya." Ko makon jiya da suka gamu a kasuwa sai da ta riƙe mata hannu ta ce ita dai kada kowa ya wahalar da kansa a kan bikinta.

Mutum irin wannan ake juya wa baya? Martina ta kwance kuɗin rajista ta tura, idonta na zafi.

Leshin ya zo a yanke, kowace leda da sunan mai ita. Martina ta so ta ɗauki wadda ta fi kusa, Vera ta riƙe hannunta ta miƙa mata wata, wai haka aka ba ta. Wai daga Abuja. Yadin yana warin kafur kamar kayan kakar wani. Ba ta ko warware shi ba ta jefa wa Ruben tela, don ganinsa ma ɓata mata rai yake yi. Ranar fati ta biya ta karɓa a gurguje, Ruben ya biyo ta da magana, ya ce akwai tabo a gefen yadin amma ya lanƙwashe shi ta ciki.

Ashe har da ruɓaɓɓen kaya. Ta shiga otal tana tafasa.

Da la'asar aka shigo da Christy an rufe mata ido. Ana kwancewa ta dafe ƙirji, ta yi ihu, ta yi hawaye, gwaggwaronta ruwan hoda yana sheƙi a tsakiyar ƙawaye. Aka yanka kek, aka yi rawa, aka yi ta turo baki gaban kyamara. Martina na kallon shinkafar da aka bari rabi a faranti, tana ganin shekararta guda ƙudaje na bi.

A bayan ɗakin taro ta ritsa Vera, ta same ta zaune a kan akwatin lemo tana matse takalminta da ya ɓalle.

"Nawa kika ci a kanmu, Vera?"

Vera ta ɗago a gajiye. "Ni? Janaretona na sayar na cika nawa. 'Yar aike ce ni, Martina."

Ƙarya ma ba ta iya ba. Martina ta sunkuya ta kama bakin siket ɗinta, ta fizge zaren da Ruben ya lanƙwashe, don ta kai wa Christy ta ga irin ƙazantar da aka yi da sunanta.

Tabon ya fito fili. Ƙuna ce tsohuwa, baƙa-baƙa, sawun dutsen guga sak, kuma hancinsa a gutsure.