Matashin Kan Sufeto

Sufeton Hukumar Mantuwa ya farke katifa ta uku da wuƙa, bai ga komai ba sai tarkacen takarda.

"Ina littattafan da kuke ɓoyewa, tsohuwa?"

"Ranka ya daɗe, ai ku kuka yayyanka su. Shararku kawai muke cusawa."

Sakarai. Shekara goma suna yayyanka littattafan tarihinmu a inji, ba wanda ya taɓa tambayar inda sharar take zuwa. Mu masu ɗinkin katifa mun san rubutu ba ya mutuwa. In muka ɗinke shi da zarenmu, duk wanda ya kwanta a kai sai ya yi mafarkin abin da aka goge. Rabin gari a kan aikinmu yake kwana.

Da mutanensa suka fita, ya tsaya a bakin ƙofa, idanunsa jawur.

"Inna," ya ce ƙasa-ƙasa, "kullum ina mafarkin sojoji suna jan wata mata a gaban makaranta. Wace ce?"

Ko kallonsa ban yi ba, ina zura zare a allura.

"Uwarka ce. Kai ka sa hannu aka goge sunanta. Matashin kanka ni na ɗinka shi, da takardun da ke ɗauke da sunanta."