Awakin Direba

Alhaji, ka tambaye ni abin da ya kamaci mutum idan motarsa ta yi sanadin rai. Kafin mu buɗe littafi, bari in ba ka wani misali. Sunan ƙauyen ya ɓace mini, haka ma wanda ya fara ba ni labarin. Ina zaton wani mai gyaran keke ne da na taɓa fakewa ruwa a rumfarsa, amma kada ka riƙe ni a kan wannan.

Wani direba ne mai babbar mota tasa ta kansa, yana ɗaukar albasa zuwa kudu. Wata rana da hantsi, a wata kwana da ke bakin ƙauyen, wani dattijo ya ɓullo a kan keke daga bayan tarin kara. Birki bai ci da wuri ba, motar ta buge shi, dattijon ya cika nan take, Allah Ya jiƙansa. To, direbobi suna da al'ada: ba a tsayawa a wurin saboda fushin jama'a, sai a wuce ofishin 'yan sanda ko gidan mai gari a miƙa kai. Shi wannan ya riƙe rabin al'adar, ya saki rabi. Ya wuce, bai miƙa kansa ko'ina ba. Ya taɓa ji a wa'azi cewa diyyar rai raƙuma ɗari ce, shi kuwa in ka cire motar ko kaza bai mallaka ba. Sai ya mayar da koriyar motarsa shuɗiya, ya sa aka shafe rubutun da ke bayanta, ya aske gemu, ya koma bin wata doguwar hanyar burji mai cin taya. Abin da albasa ta kawo, bakanike ya karɓe.

Can a ƙauye kuwa, 'ya'yan mamacin duk manya ne, babu ƙaramin maraya a cikinsu da za a ce ba a yafe haƙƙinsa. Ran addu'ar uku suka haɗu, maza da mata, suka ce sun yafe diyya. Sun san babansu: kunne ya yi nauyi, kuma in ya hau keke ba ya waiwaye. Abin da ya tsaya musu a rai shi ne wasu buhunan albasa da suka faɗo daga motar. Dukiyar wani ce. Liman ya ce a sayar kafin ta ruɓe, a adana wa mai ita. Babban ɗan ya san kuɗi ba ya zama a hannu, sai ya sayi akuya da su. Akuya ta haihu, 'ya'yanta suka haihu, aka wayi gari da garke. Ba mai ikon yankawa, ba mai ikon sayarwa, ga ɓarna a gonakin wake, kullum maƙwabta na kawo ƙara. Don haka duk ranar kasuwa babban ɗan nan yana tasha, yana cigiyar direban koriyar mota mai ɗaukar albasa. Duk lokacin da cigiyar ta isa kunnen direba, sai ya ƙara sauya tasha. Haka aka kwashe shekaru, mai neman sauke amana yana bi, mai amanar yana gudu.

Wata damina ruwa ya cinye gadar hanyar burjin, dole ya biyo ta ƙauyen. A daidai kwanar nan garken awaki ya tare titi. Ya taka birki, wannan karon ya ci, ya sauko zai kore su. Ashe ruwan shekaru ya wanke shuɗin fentin, kore ya leƙo, tsohon rubutun ma ya fito. Babban ɗan yana gindin bishiya, ya taso da gudu har hula na faɗuwa. Direba ya zube ƙasa, ya miƙa makulli, ya ce a karɓi motar a bar shi da ransa. Mutumin ya ce, "Malam direba, mu karɓi mota mu kai ta ina? Mu da awakinka ma sun fi ƙarfinmu!" Babbar yayarsu ta leƙo daga zauren gidansu da ke nan bakin titi, ta ce, "Diyya mun yafe tun ran uku. Gaisuwar ubanmu ce ba mu yafe ba. Shigo ka yi ta." Ya shiga, ya zauna a tabarma, ya yi ta'aziyyar da ta makara, ya yi kuka, aka dama masa fura. Liman ya tuna masa azumin kaffara, wata biyu a jere, domin wannan ba na magada ba ne balle su yafe. Awakin kuwa ya ce ya bar su sadaka ga mamacin. An ce masu gonar wake ba su yi murna ba.

Kada ka ɗauka kowa ake yafe wa, Alhaji. Wanda magada suka ce ya biya, ya biya, haƙƙinsu ne. Amma mutum ba ya sanin wanne ne rabonsa sai ya je ya zauna a tabarmar. Daga baya tafiya ta bi da ni ta ƙauyen, na tambaya, aka nuna mini jikokin garken. Har yau awakin direba ake ce musu, ɗaya ma ta ɗanɗana gefen rigata ina tsaye. Wannan kam ban manta ba. Gaskiyar masu iya magana: rashin sani, kaza ta kwana a kan dami.